Sharhi: Moviola ta tsaye, na'urar masu tace fim na tsohuwar Hollywood

Wadda na yi aiki da ita ta fim mai faɗin milimita 35 ce, mai kai biyu, ɗaya na hoto ɗaya na sauti. Iwan Serrurier ne ya ƙirƙiro ta, ta shiga ɗakunan tace fim a 1924, kuma ita ce abin aikin editocin manyan kamfanoni irin su MGM da Paramount na tsawon shekaru.

A tsaye ake aiki da ita. Ka buɗe ƙofar kan hoton, ka ɗora fim a kan haƙora, ka rufe, ka taka feda, hoto ya fara motsi a wata 'yar taga da ba ta kai tafin hannu ba. Hannunka na kan birki. Da ɗan wasa ya kai inda kake son yankewa sai ka danne, ka buɗe, ka ja layi da fensir mai maiƙo a kan firam ɗin, wato hoto guda ɗaya a jikin fim. A nan alfanunta yake: tsayawarta nan take ce, kuma idan ka maimaita sau biyu ka tsaya a firam guda, to wurin yankan ke nan.

Lissafin sai an haddace. Huji 4 ne a gefen kowane firam, firam 16 ƙafa ɗaya, firam 24 daƙiƙa ɗaya, wato ƙafa 90 a minti. Nadi mai ƙafa 1,000 bai wuce minti 11 da 'yan daƙiƙu ba. Da wannan lissafin Margaret Booth ta tashi daga mai haɗa fim a wajen darakta D. W. Griffith har ta zama shugabar editocin MGM daga 1939 zuwa 1968. Anne Bauchens, wadda ta daɗe tana tace finafinan darakta Cecil B. DeMille, ita ce mace ta farko da ta ci kyautar Oscar a wannan fanni.

Illar Moviola kuwa, tana cin fim. Tana fizgar shi ne firam bayan firam, don haka tsohon fim da ya bushe ya tsuke, hujinsa ba ya hawa haƙoran daidai, sai ya yage. Shi ya sa kwafin aiki kawai ake saka mata, nagatif, wato ainihin fim ɗin da aka ɗauka da kyamara, ba ya kusantarta. Daga baya ake yanka shi ta bin lambobin da ke gefensa, lamba ɗaya a kowace ƙafa. Haɗin gam ma yana da tsada, domin kowane haɗi na cinye firam, idan ka canja shawara sai ka cike giɓin da baƙin fim. Ga ƙara kamar keken ɗinki. Fim ɗin naitiret na kafin farkon shekarun 1950 kuma yana kamawa da wuta, kada ma a gwada saka mata shi.

Mai son saye ya duba wuta. Ƙirar Amurka ce, wutarta bolt 110 mai zagaye 60 a daƙiƙa. Taransifoma zai rage ƙarfin wuta mai bolt 220 zuwa 110, amma ba ya taɓa zagayen, don haka a wuta mai zagaye 50 motar da ke da tsayayyen gudu za ta riƙa ba ka firam 20 maimakon 24, murya ta yi kauri.

Ga mai koyon tacewa ta cancanci wahalar, domin tana tilasta maka yanke shawara kafin ka sa reza. Mai aikin kasuwa da ke da wa'adi ya zauna kan kwamfutarsa.