Foldscope: madubin takarda da ya mayar da tambaya bakin ɗalibai

Na daɗe ina koyar da kimiyya a ƙaramar sakandare, kuma kamar makarantu da dama, madubin ƙara girman ƙananan halittu guda ɗaya ne gare mu, yana kulle a kabad don gudun kada ya lalace. Idan aka fito da shi, ni nake saita shi, ɗalibai su yi layi kowa ya leƙa sau ɗaya, sannan su koma su kwafi zanen da ke kan allo. A zangon karatun da ya wuce na samu Foldscope guda 20, na yi aiki da su har ƙarshen zango, shi ya sa nake ganin ya dace in sanar da 'yan'uwana malamai abin da na gani.

Manu Prakash, ɗan asalin Indiya, da ɗalibinsa Jim Cybulski ne suka ƙirƙiro shi a Jami'ar Stanford ta Amurka, suka wallafa bayaninsa a 2014, da nufin samar da madubin da kuɗin kayan haɗinsa bai kai dala ɗaya ba. Yana zuwa ne a matsayin takarda mai kauri wadda ruwa ba ya ɓata ta, an riga an tsaga sassanta, sai mutum ya ɓalle su ya nannaɗe ya haɗa. Idonsa wani ɗan dunƙulallen gilashi ne da bai fi ƙwayar gero ba, yana ƙara girman abu ninki 140, yana kuma iya rarrabe abin da faɗinsa ya kai kashi 2 cikin 1,000 na milimita. Akwai ƙananan maganaɗisu da ake manna shi da su a kyamarar waya idan ana son ɗaukar hoto. Dabarar ido ɗaya tak ba sabuwa ba ce, domin da irinta Antonie van Leeuwenhoek na garin Delft a ƙasar Holan ya ga ƙananan halittun cikin ruwa a shekarun 1670.

Haɗa shi ya ci mana darasi guda cur, amma ban ɗauki wannan a matsayin asarar lokaci ba, saboda yaron da ya haɗa abu da hannunsa ba ya jin tsoron taɓa shi. Da tantanin albasa muka fara. Ana ɓare shi siriri, a shimfiɗa a kan ɗan allon takarda, a rufe da salatif mai garai-garai, a ɗaga madubin zuwa hasken taga, sai ga ƙwayoyin halitta a jere kamar tubalin gini.

Darajar wannan kaya ta fito fili ne a mako na uku, ranar da na ce kowa ya kawo abin da yake son gani. Wata ɗaliba ta zo da ruwan kududdufin bayan unguwarsu a cikin kwalbar magani. Da ta leƙa sai ta ja baya, ta sake leƙawa, ta ce, “Malam, akwai abin da ke tsalle a ciki, yana da ƙahoni biyu, kuma yana ɗauke da jaka biyu a gindinsa.” Na gane ƙwaron ruwa ne da ƙwayayensa, amma na danne amsar, na tambaye ta me take son sani a kansa. Ta ce tana son ta san ko akwai shi a ruwan randarsu. Nan take wani ya ce mahaifiyarsa alif take sa wa ruwa, wani ya ce su tace shi suke yi da ƙyalle, musu ya kaure a kan wace hanya ta fi. Su da kansu suka raba ruwan kashi huɗu, na alif, na tata, na tafasawa da wanda ba a taɓa ba, kuma su suka gano cewa ɗigo ɗaya bai isa yanke hukunci ba, sai an duba aƙalla biyar daga kowane kashi. Sai bayan sun gama na gaya musu cewa dangin wannan ƙwaron ne ke ɗaukar tsutsar kurkunu, kuma tace ruwa da ƙyalle na cikin matakan da suka sa Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar a 2013 cewa Najeriya da Nijar sun rabu da cutar. Da madubi ɗaya a hannun malami wannan darasi ba zai yiwu ba, domin wanda ke riƙe da madubin shi ke zaɓar abin da za a duba.

Yana da iyakarsa, kuma ya kamata mai saye ya san ta. Filin da ake gani ƙanƙane ne, dole a kawo ido daf da gilashin, kuma saita shi da manyan yatsu na buƙatar haƙuri a kwanakin farko. Ninki 140 bai isa a tantance ƙwayar zazzaɓin cizon sauro ba, wadda a asibiti ake dubawa da ninki 1,000 bayan an rina jinin, saboda haka kada kowa ya ɗauke shi kayan gwajin cuta, ni kuma ban yarda a kawo jini aji ba. A lokacin hunturu wajibi ne a riƙa adana shi a cikin ambulan saboda ƙura, a kuma ja kunnen yara kada su fuskanci rana kai tsaye da shi. Farashin da mai saye zai biya ya wuce dala ɗaya nesa ba kusa ba idan aka haɗa da kuɗin aikowa da canjin kuɗi, don haka ya fi sauƙi makarantu biyu ko uku su haɗu su sayi kunshin aji tare.

Ina ba da shawarar sayensa ga duk malamin da zai iya yin shiru na minti goma yayin da ɗalibansa ke laluben amsa, domin wanda zai raba shi sannan ya faɗi abin da za a gani tun kafin a leƙa bai ci moriyar kuɗinsa ba. Guda 20 sun ishi aji mai yara 60 idan aka zaunar da su uku-uku, ɗaya na dubawa, ɗaya na zanawa, ɗaya na rubuta tambayoyin da suka taso, suna musayar aiki. Littafin tambayoyin ajina yanzu ya cika, kuma ta farko da za mu bi a zango mai zuwa ita ce ko garin ƙwayar zogale yana tsarkake ruwa kamar alif.