Yaɗon dankali ya yi saiwa a ruwa, reshen mangwaro ya ruɓe: me ya raba su?

Hajiya, sannu da ƙoƙari. Kin ce kin yanko yaɗon dankalin Hausa kin tsoma a kwalbar ruwa, mako bai cika ba ya fito da saiwoyi farare tas. Kin yi wa reshen mangwaron gidan mahaifinki haka, bayan sati uku ganyen ya kakkaɓe, gindin ya yi baƙi har ya soma wari. Kina tambaya ko wani abu kika kuskure. Ki kwantar da hankalinki, ba laifin hannunki ba ne, ko da yake mun saba jin ana cewa wane hannunsa na kama dashe. Tsirran biyu ne kowa da irin guzurin da ya baro uwarsa da shi.

Ki ɗauki yaɗon dankalin ki duba gaɓa, daidai inda ganye ya fito. Sau da yawa za ki ga wasu 'yan ƙuraje a gefen gaɓar. Waɗannan 'ya'yan saiwa ne da tsiron ya riga ya gina tun yana gona, suna kwance a ciki suna jiran danshi. Da gaɓar ta taɓa ruwa ko jiƙaƙƙiyar ƙasa sai su huda fata su fito. Shi ya sa abin ke da sauri haka: an gama aikin tun kafin ki sa wuƙa. Rake ma haka yake. In kin sayi rake ki duba gaɓarsa kusa da idon, akwai wani zobe mai ɗige-ɗige da ya zagaye karan. Kowane ɗigo saiwa ce da ba ta fito ba tukuna.

Reshen mangwaro ba shi da wannan tanadi ko kaɗan. Sai ya ƙera saiwa daga farko, kuma daga naman da aka yi shi don wani aiki dabam. Ki sa farce ki kankare ɓawon ɗanyen reshe: tsakanin ɓawo da icen ciki akwai wani siririn shimfiɗi mai laushi da santsi, masana na kiransa kambiyam. Nan ne ƙwayoyin halittar da ke iya rarrabuwa suke. Idan aka yanke reshe, sai ya fara toshe raunin tukuna. Daga nan wasu ƙwayoyi na kusa da kambiyam su ajiye aikinsu, su koma kamar jarirai, su rarrabu, su dunƙule su zama kan saiwa, su haɗa hanyar ruwansu da ta reshen, sannan su fasa ɓawo su fito. A itace mai taurin kai wannan na cin makonni da yawa, wani lokaci watanni. Wani farin kumburi da kan fito a bakin yankan yana ruɗin mutane su ɗauka saiwa ce. Tabon rauni ne, reshe na iya yin sa ya tsaya nan har ya mutu.

Mai ba da umarnin duk wannan wani sinadari ne da tsiro ke yi da kansa, sunansa auksin. A 1880 Charles Darwin da ɗansa Francis suka lura cewa kan tsiron ciyawa na aika wani saƙo zuwa ƙasa wanda ke sa shi ya karkata wajen haske. A 1926 wani ɗalibi a Holan, Frits Went, ya tatso sinadarin daga kan tsiro ya nuna cewa shi ke wannan aiki. Ana yin auksin a kan toho da sabbin ganye, kuma hanya ɗaya yake bi, daga sama zuwa gindi, yana tafiyar kimanin santimita 1 a awa. Idan ya iso inda wuƙa ta yanke, ba gaba, sai ya taru a wurin. Taruwar nan ce ke gaya wa ƙwayoyin wurin su zama saiwa. Wannan ne dalilin da manoman rogo ke kula kada su dasa ice kai ƙasa. Reshe bai manta gindinsa, ko kin juya shi can zai nemi fitar da saiwa.

To ai mangwaro ma yana da auksin, me ya hana shi? Babban dalili shi ne tsufa. Reshen da aka yanko daga ƙaramin dashe ɗan shekara ɗaya ya fi saurin amsa umarnin. Bishiyar da ta girma ta shiga shekarun fure da 'ya'ya, ƙwayoyinta sun kafe a kan aikinsu, da wuya su juyo. Ita kuwa bishiyar da muke sha'awar irinta kullum babbar ce, wadda muka riga muka ɗanɗana. Ga kuma wani abu: raunin mangwaro kan yi baƙi da zarar iska ta taɓa shi, saboda wasu sinadarai da ke cikin ruwansa, kuma naman wurin kan mutu.

Amma abin da ya kashe reshenki tun kafin a kai ga wannan, ina ganin ƙishirwa ce da rashin numfashi. Ganyen mangwaro faffaɗa ne, yana ta fitar da ruwa ko an raba shi da uwarsa, alhali bakin yankan ya toshe ba ya shan abin kirki. Ƙasa kuma, gindin na nutse a ruwan da bai da isasshiyar iska. Lita guda ta ruwa a zafin ɗaki ba ta riƙe fiye da kimanin miligiram 8 na oksijin, kuma ruwan na ƙara ɗumi yana ƙara raguwa. Ƙwayoyin da ke rarrabuwa suna bukatar oksijin sosai. Dankali ya gama nasa cikin 'yan kwanaki, ruɓewa ba ta riske shi ba. Mangwaro na bukatar watanni a wurin da ba zai iya jure ko wata guda ba. Na taɓa kafa rassan mangwaro a tukunya, suka fitar da jan toho mai sheƙi, na yi ta murna ina ba su ruwa safe da yamma. Da tohon ya yanƙwane na tumɓuke ɗaya, gindinsa sumul, ko zare guda babu. Abincin da ya rage a jikin icen ne ya yi tohon, da ya ƙare aka tsaya.

Rogo yana tsakanin su biyun. Shi ma yana fitar da saiwa daga gaɓa da kuma bakin yanka, ƙarfinsa kuwa sitacin da ke ajiye a icen ne, ga shi ana dasa shi ba ganye. Don haka ake son ice wanda ya nuna, mai tsawon santimita 20 zuwa 25, da gaɓa 5 zuwa 7. Zogale, cediya, bini da zugu, da dashi da aguwa da ake shinge da su a karkara, duk suna da ruwa da abinci a jiki da za su yi jira da shi.

Hodar saiwa da ake sayarwa auksin ce ta haɗi. A 1935 Zimmerman da Wilcoxon na cibiyar Boyce Thompson a Amurka suka nuna cewa sinadaran IBA da NAA na sa reshe fitar da saiwa, har yau su ne a cikin hodar. Tana taimakon tsiron da ke dab da kamawa, irin su bogambiliya da fure ros, musamman in an kafa su a yashin rafi mai danshi, a inuwa, an rage ganye, an kifa leda. Ba ta mayar da tsohuwar bishiya yarinya, kuma in ta yi yawa ƙone gindin take yi. Zuma da wasu ke shafawa ba ta ɗauke da wannan umarni.

Ga gwaiba da lemun tsami akwai dabarar da nake matuƙar so, domin ta kauce wa ƙishirwa gaba ɗaya. Ba a yanke reshen. Ana zare ɓawonsa ne a zagaye kamar faɗin yatsu biyu, a kankare santsin nan tas, a naɗe wurin da jiƙaƙƙen garin katako ko ƙasa mai laushi, a ɗaure da leda. Sukari da auksin ta ɓawo suke saukowa, sai su taru a saman zoben. Ruwa kuwa ta icen ciki yake hawa, ba a taɓa hanyarsa ba. Uwar na shayar da reshen har saiwoyi su bayyana ta cikin leda, sannan a yanke shi a dasa. Mangwaro ma ana gwada masa haka, amma ba kullum yake kamawa ba.

Tunda irin mangwaron mahaifinki kike son adanawa, Hajiya, aure za ki yi masa, wato a haɗa reshensa a jikin wani ƙaramin mangwaro. Ƙwallon ba lallai ya maimaita uwarsa ba, balle in ita ma 'yar aure ce. Ki sami ƙaramin mangwaro da aka tayar daga ƙwallo, mai kaurin fensir. Ki yanko kan reshe daga bishiyar mahaifinki mai irin wannan kauri, wanda idonsa ya kumbura bai buɗe ba, da sassafe, ki cire ganyen, ki naɗe a jiƙaƙƙen tsumma ki kai wa mai rainon dashe a ranar. Zai haɗa kambiyam ɗin biyu ya ɗaure. Na ƙasan ya zo da doguwar saiwarsa mai nutsawa neman ruwa, wadda reshen da aka kafa ba ya yi, kuma ita za ta riƙe miki bishiyar idan rani ya tsananta. Ki guji tsakiyar hunturu lokacin da iska ke busar da komai, ki bari sai gari ya yi ɗumi da danshi.