Agogon da wai shi ke riƙe da lokacin duniya ya sa mun rasa sahur

A wani wasan waya da yara ke bugawa akwai wani inji, wanda yake saman hasumiya da zobba uku suna juyawa, wai shi ke riƙe da lokaci a duniyar tasu, in ya tsaya jiya da gobe su cakuɗe, tsoho ya koma jariri, rana ta fito sau biyu. To an yi ƙaraminsa na ajiyewa a kan tebur, agogo ne da fitila da ƙararrawa a haɗe, ana kawo shi nan Legas. Babban ɗana ya dame ni tun kafin azumi, Baba injin lokaci Baba injin lokaci, da sallah ta zo na ce to ga barka da sallarka.

Maganar gaskiya abin yana da kyau a ido. Zobban ruwan tagulla ne, in ka kashe wutar ɗaki shuɗin haske na fita ta tsakiya, har maƙwabcinmu a nan Agege ya shigo ya tsaya kallo. Ni kaina da na saya wa yaro sai ga shi na ƙwace na kai ɗakina.

Ranar da muka fara Sitta Shawwal ne abin ya faru. Kun san ba kamar Ramadan ba ne da unguwa duk ke tashi, wannan kowa tasa ta fisshe shi. Wayata tana wurin caji a shago, uwargida ta ce in karɓi tata in saita, na ce haba, ga injin da ke riƙe da lokacin duniya guda a gabanmu kina maganar waya? Ƙarfe 10 na dare daidai na saita shi, na sa ƙararrawa 4:30. Wuta ba ta ɗauke ba daren nan ko sau ɗaya, wanda shi ma abin mamaki ne. Ya buga, na tashi na duba ya nuna 4:30 cif, na taso ta ta ɗora ruwan shayi, ina cikin yanka burodi sai na ji liman a masallacin layinmu yana karatu, sallah ake yi ba ma kiran farko ba. Ta duba wayarta 5:48! Ta kalle ni ta ce "Maigida, to ga duniyar nan taka ta tsaya." Haka muka ɗauki azumin nan ba ko kurɓin ruwa, ga ni da wuni a kasuwar Mile 12 cikin rana ana sauke tumatir, wallahi kafin la'asar ganin mutum nake bibbiyu.

Na kira wanda ya sayar min ya ce shi a kwali ya ba ni, tunda an buɗe ba a mayarwa. Shikenan fa maganarsa.

Wani dattijo mai gyaran rediyo na kai wa, yana juya gindinsa ya yi dariya ya ce "Alhaji ai ba lalacewa ya yi ba, Amurka yake zaton yana." Akwai ɗan maɓalli a ƙasa an rubuta 50 da 60, nawa yana kan 60. Ashe shi irin agogon nan ba ya da abin ƙirga lokaci na kansa, bugun wutar lantarki yake ƙirgawa. Wutarmu sau 50 take bugawa a daƙiƙa, ta Amurka 60, to shi yana jiran 60 ta cika kafin ya ce daƙiƙa ɗaya ta wuce, kenan duk awa yana cin bashin minti 10. Na lissafa daga 10 na dare, awa shida da rabi tasa ta zama awa 7 da minti 48, daidai abin da ya same mu. Agogon hannu na bogi ma yana da ɗan dutsen kwaz a ciki mai kaɗawa sau 32,768 a daƙiƙa da batirinsa ba ruwansa da kowa, amma wannan mai zobba uku an kasa sa masa. Ɗana ya ƙara min da cewa ko a Turai a 2018 irin waɗannan agogunan sun yi lattin kusan minti 6 saboda rikicin wuta tsakanin Sabiya da Kosobo, na ce su minti 6 suke kuka.

Da aka mayar da shi 50 sai ya daidaita, kwana biyu ina gwada shi da waya ba laifi, har na fara cewa tauraro huɗu zan ba shi a matsayin maki don laifina ne ban duba ƙasa ba. Amma ina zan duba? Takardar cikin kwalin babu kalma ɗaya a kan maɓallin, sai hoton hasumiya da labarin wasan. Sannan ga maganar janareta. Ƙaramin janareta sai yana juyi 3,000 a minti yake ba da 50 ɗin, namu kuwa da firij ya tashi sai ka ji muryarsa ta sauka, agogon ma ya bi shi ya rage gudu, in ba kaya a kai ya yi gaba. In wuta ta ɗauke kuma shikenan, ta dawo ka same shi yana ƙifta 12:00 kamar bai taɓa saninka ba. A Legas sau nawa za ka saita abu a wuni?

Tauraro biyu, su ma na fitilar ne. Na mayar wa yaron abinsa ɗakinsu, na liƙa salatif a kan lambobin don kar wani ya duba ya makara makaranta. Uwargida kuma har yau in na ce mata ina zuwa nan da minti biyar sai ta ce na waya ko na injin?