Tashar Mosfilm a YouTube: hanya mai sauƙi ta sanin Emil Braginsky, in ka san abin da kake nema

Kamfanin shirya finafinai na Mosfilm, wanda aka kafa a Mosko a 1924, ya ɗora ɗaruruwan tsofaffin finafinansa na harshen Rashanci a YouTube kyauta. Ga mai son sanin aikin Emil Braginsky, marubucin fim da wasan kwaikwayo da aka haifa a Mosko a 1921 ya rasu a 1998, wannan tasha ta wadatar. Aibinta babba guda ne: an tsara ta da sunan fim da na darakta, sunan marubuci kuwa sai ka tono shi. Idan ka rubuta Braginsky kaɗai a wurin bincike, ba lallai manyan ayyukansa su fito a jere ba. Sunan Eldar Ryazanov, daraktan da suka daɗe suna rubutu tare, shi ke buɗe ƙofar.

A fara da Beregis avtomobilya na 1966. Fim ne baƙi da fari, kimanin awa ɗaya da rabi, labarin wani ma'aikacin inshora mai satar motocin maciya rashawa yana sayarwa, kuɗin kuma ya aika gidajen marayu. Da farko ba a amince a ɗauki labarin ba, sai marubutan biyu suka mai da shi ƙagaggen labari aka buga a mujalla, daga baya aka ba da izinin fim. Braginsky shari'a ya karanta, kuma za ka ji hannun wanda ya san doka a zaman kotun da ke ƙarshe, inda mai binciken da ya kama ɓarawon shi ne kuma ke cewa yana da laifi amma ba shi da laifi.

Daga nan sai Ironiya sudby, wanda aka fara haskawa a talabijin ranar 1 ga Janairun 1976. Wani likitan Mosko ya bugu da giya a gidan wanka a jajibirin sabuwar shekara, aka saka shi a jirgi bisa kuskure, ya sauka birnin Leningrad (St. Petersburg ta yanzu). Can ma akwai titi mai suna irin nasa, gida mai lamba 25, ɗaki mai lamba 12, har makullinsa ya buɗe ƙofar, don gine-ginen zamanin duk zubi ɗaya ne. Fim ɗin ya zarce awa 3, amma kusan duka a ɗaki ɗaya ake, saboda asalinsa wasan dandamali ne da suka rubuta a 1969. Haka ma Sluzhebny roman na 1977, labarin shugabar wata ma'aikatar ƙididdiga da wani ƙaramin ma'aikacinta, daga wasan dandamali ya fito. A nan gwanintar Braginsky take: mutum biyu, ƙofa a rufe, magana ce kawai ke tuƙa labari. Garazh, inda aka kulle 'yan wata ƙungiya dare guda suna rigima kan wanda za a hana wurin ajiye mota, ya fi su kaifi, shi ya sa gara a bar shi sai daga baya.

Tunda ƙarfin aikin a magana yake, rubutun fassara na ƙasan allo shi ne komai, kuma nan ake samun matsala. Ka danna alamar CC, wadda ke kunna rubutun, ka shiga saiti ka duba harshen. Inda mutum ne ya yi fassarar Turanci, tana da kyau. Inda aka nuna na'ura ce ta samar da ita, ka nemi wani kwafin, domin na'ura daga sauti take ɗauka, kuma a Garazh mutane da yawa na magana a tare, sai rubutun ya cakuɗe. Waƙoƙi da baitocin da ke cikin Ironiya sudby su suka fi shan wahala, alhali ba ado ba ne, cikin labarin suke.

Dogayen finafinan kashi biyu ne, wani lokaci kowane kashi da bidiyonsa, saboda haka a duba lambar kashi kafin a fara. Hoton Ironiya sudby na tsohuwar talabijin ne, baƙin da ke gefen allo ba lalacewa ba ce, kada a miƙe shi. Ingancin hoto na 480 ya isa a waya, rubutu na karantuwa, data kuma ba ta ƙarewa da wuri. Talla na iya katse hira a tsakiya. Akwai shan giya da yawa, musamman a Ironiya sudby, iyaye su lura.

Sai a kiyayi ci gaban Ironiya sudby na 2007 da sabon Sluzhebny roman na 2011. Suna fitowa a bincike da suna kusan iri ɗaya, amma an yi su ne bayan rasuwar Braginsky. Shekarar fim za a duba, da sunan tashar da ta ɗora shi.