Sharhi kan wasan kati na yarjejeniyar lokaci tsakanin duniyoyi

A hutun da ya wuce ƙanena da ke aiki a Legas ya aiko mini da wani wasan kati cikin kwali, ya ce tun da ni malamin labarin ƙasa ne, ba zan rasa abin yi da shi ba. Mun buga shi sau shida a gidanmu da ke Pantami a cikin Gombe, na kuma kai shi aji sau biyu.

Labarin wasan ƙagagge ne. Akwai duniyoyi biyar, kowace da irin gudun lokacinta, kuma kowane ɗan wasa wakilin duniya guda ne, yana riƙe da agogon yashi nasa na kansa. Na wani yashinsa kan ƙare cikin minti ɗaya, na wani sai ya ci minti uku. Abin da ake so shi ne wakilan su rattaba hannu kan yarjejeniyar da za ta tsara lokaci a tsakaninsu kafin katunan rikici su ƙare, kuma ana ja-in-ja ne kan agogon da za a ɗauka ma'auni, da lissafin wa'adin bashi, da hana aika saƙo zuwa jiya.

Batun bashin nan ya fi komai kama ni. 'Yata ta fari ta ranta wa ƙaninta katin hatsi bisa alkawarin zai biya bayan shekara, sai yashinta ya ƙare alhali nasa bai kai rabi ba. Ta miƙa hannu ta ce wa'adi ya cika, shi kuwa ya ɗaga agogonsa yana nuna mata yashin da ke zuba, ya ce, "Yaya, ai a wurina ko damina ba ta faɗi ba." Babu wanda ya yi ƙarya a cikinsu, kuma na ji daɗi ƙwarai da suka gane da kansu cewa rigimar ba za ta mutu ba sai sun yarda da agogo guda.

Wannan ne ya sauƙaƙa mini darasin da nakan sha wahalar koyarwa, wato taron da ƙasashe 25 suka yi a birnin Washington na Amurka a 1884, inda 22 suka zaɓi layin Greenwich na Ingila ya zama mafarin auna duniya, Faransa da Brazil suka ƙi jefa ƙuri'a, sannan Faransa ba ta daidaita agogonta da shi ba sai 1911. Greenwich ta yi nasara ne domin mafi yawan jiragen ruwan kasuwanci da taswirorinta suke aiki, kuma a wasan ma duniyar da ta fi ciniki ita ce agogonta ke rinjaye kusan kullum. Ɗalibaina sun kira wannan rashin adalci, na ce musu su riƙe fushin nan su karanta tarihin da shi. Ko bambancin gudun lokacin ba duka ne tatsuniya ba, domin agogon taurarin ɗan Adam na GPS yakan riga na ƙasa da kimanin kashi 38 cikin miliyan na sakan a kowace rana, kuma sai an gyara wannan lissafin wayarmu ke iya nuna mana hanya daidai.

Babban aibin wasan shi ne masu tsara shi sun ɗauka cewa da an sa hannu, kowace duniya za ta jefar da ranarta da watanta ta bi agogon da aka zaɓa. Rayuwarmu ba haka take ba. Agogona da na ƙanena ɗaya ne, dukanmu muna gaban Greenwich da awa guda, amma da azumi nakan sha ruwa kusan rabin awa kafin shi, saboda Gombe tana gabas da Legas da kusan digiri takwas, kowane digiri kuwa minti huɗu ne. Albashi da jarrabawa muna auna su da agogon hukuma, salla da rana, azumi da ganin wata, kuma ban taɓa ganin ɗaya ya hana ɗaya ba. Yarjejeniyar da ba ta bar wa mutane wannan ba, a ganina ba za ta kai labari ba ko da a cikin kwali ne.

Takardar ƙa'idojin da Turanci kawai take, rubutun ƙanana, katunan kuma ba su da kauri, har biyu sun fara lanƙwashewa. Zama guda yakan ci awa biyu, saboda haka bai dace da darasin minti arba'in ba sai an raba shi.

Duk da haka ina ba malamai da iyayen yara 'yan sakandare shawarar su neme shi. Mu dai mun yanki kwalin sabulu mun ƙara kati guda, 'yata ta rubuta a kansa da biro cewa kowace duniya za ta ci gaba da ibada da shuka bisa ranarta da watanta, kuma da shi muke bugawa yanzu.