Littattafan Warriors na Erin Hunter: shida na farko sun ci kuɗinsu, amma iyaye su fara leƙawa

Iyaye da dama a Agege da Idi-Araba suna kukan cewa 'ya'yansu sun iya karatun Turanci a makaranta, amma ba sa ɗaukar littafi don raɗin kansu sai an tsaya a kansu, domin waya ta riga ta cinye musu lokaci da hankali. Jerin littattafan Warriors, wanda kamfanin HarperCollins ya fara bugawa a 2003 da sunan marubuciya Erin Hunter, yana cikin 'yan ƙalilan da na ga sun sa yaro ya ajiye waya ba tare da an yi masa tsawa ba. Na karanta shida na farko tare da 'yata, wadda take ajin ƙarshe na firamare, na kuma duba wasu daga cikin na baya. Ra'ayina shi ne a saya wa yaro waɗannan shida, amma bayan uba ko uwa sun san abin da yake cikinsu.

Labarin ya fara ne da wani ɗan muzuru mai jan gashi da ake kira Rusty, wanda yake zaune a gidan mutane, ana zuba masa abinci a kwano, ga ƙararrawa a wuyansa. A dajin da yake bayan gidan akwai ƙabilu huɗu na kyanwoyin dawa, wato ThunderClan da RiverClan da WindClan da ShadowClan, kowacce da yankinta na farauta da iyakar da take tsarewa. Shugabar ThunderClan mai suna Bluestar ta karɓe shi a lokacin da ƙabilarta take ƙarancin mayaƙa, aka raɗa masa suna Firepaw, daga nan ya riƙa hawa mataki-mataki har ya zama Fireheart, ya kuma kai ga shugabanci da sunan Firestar a littafi na shida. An zana dajin ne bisa kamannin dajin New Forest na kudancin Ingila, shi ya sa abin farautar ƙananan halittu ne irin su ɓeraye da zomaye da tsuntsaye da kifi, kuma babban abin tsoro a wurinsu shi ne lokacin sanyi, sa'ad da ƙanƙara take rufe ƙasa abinci ya yi wuya.

Ƙarfin waɗannan littattafai yana cikin tsarin zaman da aka gina wa kyanwoyin, kuma a nan ne nake ganin ɗan Bahaushe zai fi jin labarin a jikinsa. Jariri ba ya fita sansani sai ya cika wata shida, sa'an nan a damƙa shi hannun wani babban mayaƙi ya koya masa farauta da faɗa. Almajirin yakan share makwancin tsofaffi, ya cire musu kaska, kuma idan ya kamo nama ba ya kai baki sai tsofaffi da masu jego da jarirai sun ci. Ranar da aka ba shi sunan mayaƙi yakan kwana a zaune yana gadin sansani ba tare da ya ce uffan ba har gari ya waye. Duk daren da wata ya cika, ƙabilun huɗu sukan hallara a wani kwari mai manyan itatuwa huɗu, a ajiye gaba a tattauna, ko da kuwa jiya an zubar da jini a kan iyaka. Dokar mayaƙan ta ce ba lallai ne a kashe abokin gaba ba kafin a ce an yi nasara, ta kuma hana a ga jariri cikin haɗari a wuce, ko da ɗan wata ƙabila ne. Yaron da ya taso yana ganin yadda ake koyon ɗinki ko kanikanci a hannun maigida, kuma aka hore shi da gaishe da na gaba, ba ya bukatar a yi masa bayanin wannan duka.

Akwai wani abu kuma da ya fi shafar yaranmu na nan Legas. Duk ƙoƙarin da Fireheart ya yi, wasu 'yan ƙabilarsa ba su daina goranta masa cewa shi ɗan gidan mutane ne ba, wanda ya girma da abincin kwano. Yaron da aka haifa a Agege ya san wannan ɗacin ta fuska biyu, domin a makaranta ana kiransa aboki, idan kuma ya je gida Arewa hutun Sallah 'yan uwa su yi dariyar Hausarsa su ce masa ɗan Legas. 'Yata ba ta taɓa faɗa mini haka da bakinta ba, amma na lura cewa wuraren da ake yi wa Fireheart gorin asali su ne take maimaita karantawa, har gefen shafukan ya yi dauɗa.

Zaren da ya ɗaure littattafan shida shi ne rikicin Fireheart da Tigerclaw, jarumin mayaƙi mai kwaɗayin sarauta, wanda ya kashe mataimakin shugaba a ɓoye ya ɗora laifin a kan abokan gaba. Na uku, Forest of Secrets, shi ne ya fi duka a wurina, saboda a cikinsa ne ake gano cewa Bluestar kanta ta taɓa rabuwa da 'ya'yanta domin ta sami muƙami, kuma mai karatu ba ya iya yanke mata hukunci cikin sauƙi. Ba kasafai littafin yara yake barin shugaba nagari da irin wannan tabo ba.

Sai dai duk wanda ya ga kyakkyawar fuskar mage a bangon littafin ya ɗauka kyanwar Lami ce, ba cizo ba yakushi, ya yi kuskure babba. Ana mutuwa a cikin waɗannan labarai, kuma ba a sakaya yadda ake mutuwar. Wata mage mai suna Silverstream ta mutu wajen haihuwa a gaban mijinta. A littafi na biyar garken karnuka ya kashe wani almajiri, ya yage wa wata rabin fuska har ta rasa ido. A na shida wani ƙaramin muzuru daga cikin gari, Scourge, mai sanye da abin wuya da aka jera wa haƙoran karnuka, ya farke cikin Tigerclaw a gaban jama'a. Masu bugawa sun nufi 'yan shekara 8 zuwa 12 da littattafan, amma ni ba zan miƙa wa ɗan shekara takwas na biyar da na shida ba, musamman mai yawan firgita da dare.

Batu na biyu da ya kamata iyaye su sani shi ne na aƙida. Kyanwoyin sun yi imani cewa kakanninsu da suka mutu suna zaune cikin taurari, a wata ƙabila da ake kira StarClan, suna aiko da mafarkai da ishara game da abin da zai faru. Sabon shugaba yakan je wani kogo ya kwana kusa da wani dutse mai ƙyalli, a can kakannin suke ba shi rai tara. Mai maganin kowace ƙabila, bayan aikinsa na tsayar da jini da yanar gizo-gizo da ba majinyaci ganyayyaki, shi ne kuma mai fassara saƙon matattu. Wannan ba ado ba ne da za a iya tsallakewa, domin a kansa labarin yake tafiya. Ban ga dalilin hana littafin saboda haka ba, tunda mu ma an rene mu da tatsuniyoyin Gizo da Dodo ba tare da mun ɗauke su gaskiya ba, amma yana da kyau a zauna da yaro a bambance masa ƙagaggen labari da abin da ake koya masa a Islamiyya. Gidan da ba zai lamunci hakan ba gara ya sani tun kafin ya kashe kuɗinsa.

Erin Hunter ba mutum ɗaya ba ce. Sunan aro ne da wasu marubuta suke amfani da shi tare: Victoria Holmes ce ta tsara labaran farko, Kate Cary da Cherith Baldry suka rubuta su, daga baya wasu suka shigo, har da Tui Sutherland. Wannan ne ya sa littattafan suke fitowa ba ƙaƙƙautawa, kashi-kashi, kowane kashi da littafi shida, har suka kai 48 zuwa 2024, ban da manyan na musamman da masu zane-zane. Kashi na biyu, The New Prophecy, wanda ya fara a 2005, yana da armashi, domin mutane sun shigo da injuna sun rushe dajin, ƙabilun suka yi hijira zuwa bakin wani tafki. Bayan wannan sai na ji abin ya fara maimaita kansa: ga sabuwar ishara daga taurari, ga soyayyar da doka ta hana tsakanin 'yan ƙabilu biyu, ga wani maci amana. Sunaye kuma suna yawaita har sai mutum ya riƙa komawa jerin da ake bugawa a farkon littafi domin ya tuna wane ne wane. Yara ba su damu da hakan ba, aljihun uba ne yake ji a jikinsa.

Turancin mai sauƙi ne, babobin gajeru ne, kuma kusan kowanne yana ƙarewa a inda dole a buɗe na gaba. Wahalar farko ita ce kyanwoyin suna da nasu sunayen na mutane da motoci da titi da lokutan shekara, amma kafin babi na biyar yaro ya saba.

Sababbi ana samunsu a manyan shagunan littattafai na Ikeja da Victoria Island, sai dai da yake daga waje ake shigo da su, farashinsu yana bin dala. Na gwanjo sun fi sauƙi, kuma masu baza littattafai a Yaba da Ojuelegba sukan samu, wasu ma da hatimin ɗakin karatun wata makarantar Amurka a shafin farko. Matsalar gwanjo ita ce ba a cika samunsu a jere ba, kuma wannan labari ba ya karantuwa daga tsakiya. Jerin shi ne Into the Wild, Fire and Ice, Forest of Secrets, Rising Storm, A Dangerous Path, sai The Darkest Hour. A rubuta sunayen a takarda kafin a fita, domin lamba ɗaya zuwa shida tana maimaituwa a kowane kashi, mai sayarwa kuma zai iya miƙo na ɗaya na wani kashin daban da zuciya ɗaya. A kuma buɗe a tabbata taswirar dajin da jerin sunayen kyanwoyin suna nan a farko, saboda su ne shafukan da suka fi saurin yagewa a hannun mai littafin na baya.