Sharhi kan ƙunshin finafinan Mikio Naruse marasa magana

Na sayi wannan ƙunshin faifan DVD da aka fitar a Amurka a 2011 ne saboda ya haɗa finafinai biyar marasa magana da suka rage cikin waɗanda Mikio Naruse ya shirya wa kamfanin Shochiku na Japan, daga 1931 zuwa 1934. Kuɗina bai tafi a banza ba.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne, sau da yawa mace ce ke ɗauke da nauyin gida, amma ba ta da ta cewa a kan rayuwarta. A Kimi to Wakarete, na 1933, Terugiku tana aikin geisha, wato nishaɗantar da maza a wajen liyafa, don ta ciyar da iyayenta, har ta haƙura da saurayin da take so ta tafi nesa neman kuɗi, saboda kada a jefa ƙanwarta cikin sana'ar. Dokar iyali ta 1898 ce ke aiki a lokacin, wadda ta damƙa wa maigida ikon amincewa da aure.

Kagirinaki Hodo, na 1934, shi ya fi burge ni. Sugiko, mai hidima a gidan shan shayi, ta auri attajirin da ya buge ta da mota, sai uwar miji da 'yar'uwarsa suka hana ta sakat don ita 'yar talakawa ce, shi kuwa ya kasa buɗe baki ya kare ta. Da aka kira ta asibiti yana kwance rai a hannun Allah, ta faɗa musu gaskiya a fuska, ta fita. Naruse yakan tura kyamara da sauri zuwa fuskar mutum a daidai lokacin da magana ta soke shi, kuma a wasu wuraren ya yawaita hakan har ya gundure ni.

Hoton yana da 'yan zane-zane na tsufa, amma ana ganin komai sarai. Fassarar da Turanci kawai take, kuma sabon kiɗa aka ɗora, babu muryar benshi, mai bayanin da yakan tsaya gefen allo yana yi wa 'yan kallo maganar 'yan wasa. Wanda bai saba da irin waɗannan finafinai ba, ina ba shi shawara ya fara da Yogoto no Yume, wanda bai wuce awa ɗaya da 'yan mintuna ba.